WhatDoTheyKnow: yana kai saƙo, amma ba ya karya makullin doka

Ƙungiyar mySociety ce ta buɗe shafin intanet na WhatDoTheyKnow a Birtaniya a 2008, kuma aikinsa bai da wahalar ganewa: ka zaɓi hukuma, ka rubuta takardun da kake nema, shi kuma ya aika, ya baje amsar a fili kowa ya gani. Kyauta ne. Ba sai kana ɗan ƙasar ba, don dokar 'yancin samun bayanai ta 2000, wadda ta kankama a Janairun 2005, ba ruwanta da fasfonka. Sunanka na gaskiya take so.

Abin da ya fara burge ni shi ne yadda yake ƙirga wa hukuma lokaci. Doka ta ba ta kwanakin aiki 20 ta amsa. Da wa'adin ya wuce, sai shafin ya nuna a jikin buƙatar cewa an makara, a gaban idon jama'a.

Sai dai kai saƙo daban, samun takarda daban. Na nemi kwangilolin kwashe shara na shekaru da dama daga wata ƙaramar hukuma, aka mayar mini da sashe na 12 na dokar: wai haɗa su zai wuce kuɗin da doka ta ƙayyade. Ga ƙananan hukumomi fam 450 ne, wato aikin awa 18 a kan fam 25 kowace awa. Ga ma'aikatun gwamnatin tsakiya fam 600. A nan ne na ga ainihin amfanin shafin. Na shiga tsofaffin buƙatun mutane, na karanta yadda aka ƙi su da yadda suka rage tambayar har ta shige. Na taƙaita tawa zuwa kwangila guda, ta zo. Amma ta zo da baƙin layi a kan sunayen ƙananan ma'aikata, bisa sashe na 40 mai kare bayanan mutum, da wani baƙin a kan jadawalin farashi gaba ɗaya, bisa sashe na 43 na sirrin kasuwanci. Farashin kuwa shi na zo nema.

Akwai wuraren da ko kusa ba a zuwa. Hukumomin leƙen asiri irin su MI5 da GCHQ ba sa ƙarƙashin dokar, kuma wata hukumar tana iya ƙin faɗa maka ko tana da takardar ma ko babu. Jaridar Guardian sai da ta yi shekara goma tana fafutuka kafin Kotun Ƙoli ta ba da damar fitar da wasiƙun Yarima Charles, magajin sarauta a lokacin, ga ministoci a 2015. Kafin nan, tun a 2010, an gyara dokar an kulle wasiƙun mai sarauta da magajinsa kwata-kwata.

Idan an ƙi ka, shafin yana taimaka maka ka nemi hukumar ta sake dubawa. Ƙorafi ga Kwamishinan Bayanai, mai sa ido kan bin dokar, kuwa kai za ka kai da kanka. Kada ka yi amfani da shi wajen neman fayil ɗinka na asibiti ko na wurin aiki, hanyar wannan daban ce, kuma duk abin da ka rubuta a nan, har sunanka, mai bincike a intanet zai iya cin karo da shi.