Zoom H1n a hannun mai tattara tarihin yaƙin basasa

Duk wanda ya shiga yaƙin basasar Najeriya na 1967 zuwa 1970 yana ɗan shekara ashirin, yanzu ya haura saba'in da biyar. Muryar irin waɗannan dattawa ta yi ƙasa, kuma ba kullum ake samun damar komawa a sake hira ba. Masanin tarihi yana buƙatar rikodar da za ta kama maganarsu tun a zaman farko. Ƙaramar rikodar murya Zoom H1n tana iyawa, in an san halinta.

Batir biyu ƙanana na AAA take ci, suna kai wajen awa 10. Katin microSD kuwa ba ta karɓar wanda ya wuce 32GB, don haka kada a ɓata kuɗi a kan mai 64. Wajen saita nau'in fayil da ingancin sauti, a zaɓi WAV, 48kHz, 24-bit. Awa guda tana cin kusan 1GB, kati mai 32GB ya ɗauki hirar awa 30. MP3 ya fi ƙanƙanta, amma bai dace da muryar da za a adana wa masu bincike na gaba ba.

Inda aka fi tafka asara shi ne maɓallin Auto Level, wanda ke sa na'urar ta daidaita ƙarfin ɗaukar sauti da kanta. Tsohon soja yakan yi shiru mai tsawo idan labari ya zo wurin da ke masa ciwo. A wannan shirun na'urar sai ta ɗaga ƙarfin ɗauka da kanta, ta kwaso ƙarar fanka da numfashi, da ya ci gaba da magana kalmominsa na farko su fashe. A kashe Auto Level, a murɗa ɗan gargaren da ke ƙasan makirufo da hannu har ma'aunin ƙarfin sauti da ke allo ya riƙa taɓa -12, sannan a kunna Limiter, mai hana sauti mai ƙarfi fashewa, saboda tari ko dariya.

Jikinta roba ne, yatsa ya goga kaɗan sai a ji ƙarar a fayil. A ɗaura ta a ƙaramar ƙafar kyamara, tazarar kamu biyu daga bakin mai magana, a sa mata soso saboda iska. A kuma duba kwanan wata kafin a fara, domin fayil mai kwanan bogi yana rikita kundin bincike.

Ramin makirufo na waje ɗaya gare ta. Ga hira da mutum ɗaya ta wadatar, amma in dattawa huɗu za a zaunar suna musun ranar da gari ya faɗi, gara a nemi mai ramuka da yawa, irin Zoom H6.