Shatar mota zuwa Timiya: don mu uku na biya, mu tara muka tafi

Tun da muka dawo daga Agadas ake tsare ni a majalisa, a kasuwar Ɓaɓura, har a bakin masallaci, kowa tambayarsa ɗaya: yawon duwatsun Abzin ɗin nan da kuka yi, ya ci kuɗinsa kuwa? To ga amsar a rubuce, in huta da maimaitawa.

Ni ba ɗan yawon buɗe ido ba ne. Biki ne ya kai mu, cikin watan Janairu, ni da Baba da ƙanena. Muka bi ta Magarya, muka kwana Damagaram, washegari muka cinye kilomita wajen 450 zuwa Agadas. Baba ne ya tada maganar duwatsu. Tun yana yaro, in an gama kaka, Buzaye ke saukowa da raƙuma su yada zango a gonar kakanmu, su kawo kantun gishirin Bilma da dabino, su auni gero, raƙumansu su ci kara su bar mana taki. Wanda kakanmu ya fi sabawa da shi mutumin Timiya ne, wani gari a cikin duwatsun Abzin. Shekara sittin da ɗoriya Baba na jin sunan garin, bai taɓa sa shi a ido ba. Ya ce tunda Allah ya kawo shi nan, ba ya komawa gida sai ya ga inda mutanen nan ke fitowa. Wa zai ce wa tsoho a'a?

Aka haɗa mu da wani mai shirya irin wannan yawo, ɗan shagonsa na cikin tsohon gari, ba nisa da babban masallacin nan mai hasumiyar ƙasa, wadda aka ce mana tsayinta mita 27 ne. Ya buɗe waya ya nuna mana hotuna: ruwa na kwararowa daga kan dutse, lambuna shar. Muka yi sharaɗi baki da baki. Kwana biyu, mota kat-kat, irin mai shiga daji da rairayi, tamu mu kaɗai, direba da jagora, abinci, barguna, takardar izinin hanya, a kai mu Timiya, a kai mu kufan Asode. Kuɗin ba sai na faɗa ba, kun san yadda sefa ta hau kan naira. Da na nanata maganar mu kaɗai, sai ya dafa ƙirji ya ce, "Alhaji, shata ce. Ko ƙuda ba ya shiga sai da izininku." Ban taɓa zuwa Makka ba, amma na lura duk wanda zai ci kuɗina da Alhaji yake farawa.

An ce bayan asuba. Motar ba ta zo ba sai hantsi, kuma tun daga nesa na ga samanta a ɗaure da buhunan shinkafa, katan-katan na taliya, da jarkoki. Direba ya ce guzuri ne. Guzurin mutum biyar na kwana biyu! Ba mu fita gari ba ya tsaya, maza biyu masu rawani suka shigo baya. A Dabaga ya sake tsayawa, wata tsohuwa da jikanta suka hau. Ka lissafa da direba da jagora, mu tara ke nan, a motar da na biya kuɗinta ni kaɗai. Aka matse ƙanena da jarka a tsakanin ƙafafu. Na kira mai shagon raina a ɓace. Ya ce, "Haba Alhaji, hanyar daji ce, ba a wuce mutum a hanya." Na ce to su ma kyauta ka ɗauke su? Ya fara alo, alo, kamar ba ya ji. Kafin in sake kira sabis ya ɗauke, bai kuma dawo ba sai da muka kusa komowa.

Haka na yi ta cika ina batsewa har azahar, ga hanya ba hanya ba. Kilomita 200 ne da 'yan kai zuwa Timiya, amma kar lissafin ya ruɗe ka, yini ne cur. Duwatsun kuwa, in ka saba da namu na Dutse ko Kazaure, ka ajiye su gefe. Waɗannan baƙaƙe ne ƙirin kamar an babbake su, tuli kan tuli har iyakar ganinka, sai can ka gangara cikin busasshiyar ƙorama ka tarar da goruba da aduwa da tumfafiya sun yi layi. Jagoran, gaskiya, ya san ƙasarsa, kuma Hausarsa ta fita. Ya nuna mana wajen gabas ya ce can ne Bagzan, inda dutsen da ya fi kowane tsawo a Nijar yake, mita 2,022, kuma akwai mutane da gonaki a samansa. Baba sai salati yake. Ni kuwa ko ta taga na leƙa, kuɗina nake gani.

Mun wuce Elmeki, la'asar ta yi sanyi, muka shiga wata ƙorama mai faɗi. Motar ta yi gurnani, ta yi gurnani, ta zauna. Tayoyin baya suka nutse cikin rairayi har gindi. Da ma tun da rana taya ɗaya ta fashe an sa safaya, saura babu. Na ce wa direba lodi ne ya jawo mana. Ya ce ƙaddara ce. Na ce ƙaddara ce ta ɗaura shinkafa a sama? Baba ya daka min tsawa, na yi shiru.

To a nan ne kunya ta fara kama ni. Mutanen nan biyu da na yini ina harara, ba wanda ya roƙe su, suka naɗe hannun riga. Suka sauke buhunan kakaf, suka rage iskar tayoyi, ɗaya na haƙa da shebur ɗaya da hannu, suna cusa faifan ƙarfe a ƙarƙashin taya. Mota ta matsa taku biyar ta sake zama, su sake haƙa. Ni da ƙanena muka kama turi, amma gaskiya ƙura muka fi sha. Wajen awa uku ana abu ɗaya. Da motar ta fita duhu ya riga ya rufa, direba ya ce ba ya bin duwatsun nan da dare ba safaya. Wannan karon ban yi musu ba.

Sai aka zo kan barguna. Guda biyu, sirara kamar mayafin amarya. Jama'a, hunturun da muke kuka da shi a gida wasan yara ne. Sanyin can ba iska yake bi ba, ta ƙasa yake shigowa ya kama ƙashi. Baba mai ciwon gwiwa ya fara karkarwa, haƙora na haɗuwa, na cire rigata ta sama na rufa masa ba ta yi komai ba. Wallahi a lokacin na tsorata, na fara tunanin me zan ce wa Inna in wani abu ya same shi. Tsohuwar nan, wadda ban ko gaishe ta da kyau ba da ta hau, ta kwance ƙunshinta ta zaro wani bargo mai kauri ta lulluɓe shi, ta ja jikanta cikin zanenta suka matsa bakin wuta. Na ce, "Iya, ke fa?" Ta ɗaga min hannu kawai.

Mazan suka haɗa wuta da busasshen itacen ƙaya, suka kwaɓa gari, suka binne shi cikin rairayi mai zafi da toka. Tagella suke ce masa. Aka tono, aka kakkaɓe, aka gutsuttsura cikin miya, ko tsakuwa ɗaya ban tauna ba. Shayi ya biyo baya, zagaye uku kamar yadda suka saba. Babban cikinsu ya tambayi Baba daga ina, da ya ji Ɓaɓura sai ya yi dariya, ya fara jero masa zangunan da mahaifinsa ke sauka in sun gangaro ƙasar Hausa. Ya ce da kaka ayari ke ƙetare hamadar Tenere zuwa Fashi da Bilma, a ɗauko gishiri da dabino, a dawo gida a ɗan huta, sannan a yi kudu neman gero, ba a komowa sai wajen bazara. Shi kansa ya yi tafiyar yana saurayi. Baba ya manta da gwiwa, ya tashi zaune cikin bargo, suka yi ta hira har na yi barci na bar su. Taurarin wurin ma abin kallo ne, sai dai sanyi bai bar ni na kalle su da kyau ba.

Da hantsi muka shiga Timiya. Bayan yini guda na baƙin dutse, ka buɗe ido ka ga lemo ya nuna jawur a bishiya, ga rumman, ga dabino, ga alkama kore shar, dole ka ce tabarakalla. Mutumin nan ya ja mu lambunsa, ya nuna wa Baba rijiyar da raƙumi ke jan guga, ko da yake yanzu injin ban ruwa ya yi yawa, ashe man jarkokin nan ma na injinsa ne. Ya cika mana buhu da lemo ya ƙi karɓar ko dala. A wannan safiyar da an tambaye ni, cewa zan yi kowa ya je.

Sai aka kai mu wurin ruwan da ke cikin hoto. Tafkin na nan a gindin dutse, sanyi ƙalau, amma abin da ke zubowa bai fi bakin buta ba. Jagora ya sunkuyar da kai ya ce ai hoton na damina ne. Me ya hana a faɗa mana tun a shago? Tsohon barikin Faransawa da ke kan tudu daga ƙasa muka hange shi, babu lokacin hawa. Asode kuwa, tsohon birnin Abzinawa da na fi ɗokin gani, wanda yake cikin sharaɗi, ko hanyarsa ba mu kama ba, wai dare zai yi mana. Daren da wa ya jawo? Da an zo bayan asuba, da ba a yi wa motar lodin jaki ba, da a Timiya muka kwana.

Kuma kar ku ce an daddara. A komowa buhunan lemo aka ɗaura inda shinkafa ta sauka, aka ƙara fasinja biyu. Wato zuwa da dawowa motar haya na hau, da kuɗin shata. Muna isa Agadas na wuce shagon. Na ce a mayar min da kuɗin Asode da na barguna. Mutumin ya sa aka kawo min shayi, ya ce shi ne ma ya yi asara, taya ta fashe, mai ya ƙone a rairayi, da ma yana shirin ce min in ƙara wani abu. Da ƙyar, bayan mai masaukinmu ya sa baki, ya yarda zai turo jika goma na sefa. Jagoran na ba shi nasa goron a hannu, don shi bai ci amanata ba. Direban ko sallama ban yi masa ba, ko da yake ƙanena ya ce a tuƙi dai ba shi da laifi.

In za ka je, ka sa a rubuta sharaɗi a takarda, ka riƙe rabin kuɗin sai an dawo, ka ƙirga safaya da idonka, ka ɗauki bargonka daga gida. In ruwan kake son gani, ka tambayi watan da aka ɗauki hoton.

Baba dai labarin da yake bayarwa a ƙofar gida daban ne da nawa, a nasa ba shinkafa ba jarka, sai tsohuwa da bargo da ɗan madugu. Ya shuka 'ya'yan lemon a bayan ɗaki yana ba su ruwa safe da yamma. Jika goman nan kuwa yau wata biyu ke nan, na kira sau shida, jiya ma yaron shago ne ya ɗauka ya ce maigida ya tafi Timiya da wasu baƙi.