Shekara guda da jitar bes mai tsirkiya biyar

Na yi shekara 9 ina kaɗa bes mai tsirkiya huɗu a ƙananan ƙungiyoyin rok da metal, irin waɗanda mu ne makaɗa, mu ne 'yan dako, mu ne masu naɗe waya idan an tashi. Ban taɓa jin ta gaza mini ba. Steve Harris, mai kaɗa bes na ƙungiyar metal ta Iron Maiden, ma da huɗun ya cika filayen ƙwallo, balle ni. Wahala ce ta sa na sayi mai biyar. Ƙungiya biyu nake yi wa kiɗa: ɗaya tana kan saitin da aka saba, E A D G, ɗayar kuwa masu jitarta sun sassauta nasu har C, sautin da ya fi E zurfi. Duk ranar da na bi su ƙasa, tsirkiyata mafi kauri sai ta saki kamar igiyar shanya, tana dukan ƙarafunan wuya tana ƙara.

Wadda na saya tsawon tsirkiyarta inci 35 ne, ba 34 da aka gada tun jitar bes ta Precision da Leo Fender ya fitar a 1951 ba. Inci ɗaya kamar ba komai, amma ƙaramin yatsana na hagu ya yi sati uku yana ƙorafi. Ladan wahalar shi ne tsirkiyar B, wato ta biyar ɗin da aka ƙara, ta ɗauru tamau. Tana sauka zuwa wajen hatz 31 (ma'aunin zurfin sauti ke nan), alhali E a 41 take tsayawa, kuma C ɗin da nake ta murɗa makunni dominsa yanzu yana nan a gaɓar farko. Tun da na saye ta ban sake saiti tsakanin ƙungiyoyin biyu ba. A nan kam ta biya ni.

Abin da ba wanda ya gaya mini shi ne tsirkiya ta biyar ba ta iya shiru. Kana kaɗa A ko D, ita tana gefe tana gurnani ita kaɗai. Ni ban ma lura ba sai da muka naɗi gwaji da wayar hannu, mai gangarmu ya saurara ya ce, "Kai, wace mota ce aka bari a kunne a bayanka?" Dole na daina kafa babban yatsa wuri guda, na koyi jan shi yana bin hannuna yana danne duk tsirkiyar da ba na so ta yi magana. Wata biyu na yi kafin hannun ya saba, kuma har yau idan kiɗa ya yi sauri yakan kuɓuce mini.

Sai batun amfilifaya. Ƙaramar tawa mai lasifika ɗaya ta inci 10 ba ta iya fitar da wannan zurfin, sai dai ka ga takardar lasifikar tana rawa, kunne bai samu komai ba. Da na ƙara sautin ƙasa a amfilifayar sai ɗakin ya cika da ruri, gangar ƙafa ta ɓace. Maganin ashe rage ƙasan ne, a ɗaga tsakiya wajen hatz 800, sannan ake jin bes ta ratsa tsakanin jita biyu masu kururuwa.

Inda na ji haushi na gaske shi ne batir. Jitar tana aiki da batir mai bolt 9, kuma muddin waya na soke a jikinta yana ci, ko ba ka taɓa ta ba. Na bar ta a soke kwana da kwanaki, wannan laifina ne. A tsakiyar wasa sauti ya fara kakkaryewa, kafin waƙa ta ƙare ya ɗauke ɗif. Amma wanda ya rufe gidan batir da kusoshi huɗu maimakon murfin da ake ɓallewa da farce, da alama bai taɓa durƙusawa a dandamali mai duhu yana lalube ba. Ga nauyi kuma, ta haura kilo 4, sai da na canza maratayi mai faɗi kafaɗata ta huta.

Idan ƙungiyarka ba ta sauka ƙasa da D, ajiye kuɗinka ka sayi sababbin tsirkiyoyi. Ni dai daren metal da mai biyar nake fita, da sukuddireba da batir biyu a aljihun jaka. Daren rok kuwa tsohuwata nake saɓawa.