Wayar ɗumama bututun boila: tana aiki, amma ba ita kaɗai ba

A Ingila, tun 2005 kusan duk sabon boilan gas (na'urar ɗumama gida da ruwa) da ake girkawa mai mayar da tururi ruwa ne. Ruwan, mai ɗan tsami, yana bin farin bututun roba zuwa magudana. In bututun ya ratsa ta waje, sanyi kan daskarar da shi, ruwa ya koma baya, boila ya yi ta ƙara kamar mai kurkure baki, sannan ya mutu. Sai lambar matsala ta bayyana a fuskarsa: a boilan kamfanin Vaillant za ka ga F28, a na Worcester Bosch EA, a na Baxi E133.

Wayar lantarki mai ɗumama bututu da ake sayarwa don wannan matsala ta cancanci kuɗinta. Ana shimfiɗa ta a ƙasan bututun, inda ruwa ke kwanciya, a ɗaɗɗaure ta duk bayan kimanin santimita 30. Tana da na'urar jin sanyi mai kunna ta tun kafin sanyi ya kai digiri sifili, kuma ba ta cin wuta sosai, galibi wat 10 ne kowace mita. Mun fi son irin mai rage zafinta da kanta.

Sai dai masu tallarta ba su cika nanata cewa ba ta da amfani a tsirara ba. Dole a rufe ta da soson bututu wanda ruwa ba ya shiga, kaurin milimita 13 zuwa 19, har kan gwiwoyi da bakin bututun, domin nan ƙanƙara ke farawa. Soson cikin gida yana shan ruwan sama, sai ya ƙara ɓata lamarin. Na'urar jin sanyin kuwa a waje za a sa ta, a inuwa; in ta ji ɗumin ɗaki, wayar ba za ta taɓa kunnuwa ba.

Kuma ba ta gyara mugun aiki. Bututun waje ya zama mai faɗin milimita 32, ba siririn 21.5 ba, kada tsawonsa ya wuce mita 3, ya gangara kusan santimita 5 kowace mita. Inda za a iya haɗa shi da magudanar cikin gida, wannan ya fi wayar nesa ba kusa ba.

In ya riga ya daskare, zuba ruwan ɗumi daga bakin bututun zuwa gwiwoyi, banda tafasasshe, don yana iya tsaga roba. Sai ka danna maɓallin sake kunnawa. In ya ƙi tashi, kada ka buɗe boilan, kira ma'aikaci mai rajistar Gas Safe, wato rajistar masu izinin aikin gas.