Forbidden Desert: wasan da ƙasar cikinsa ba ta tsayawa wuri ɗaya

Forbidden Desert wasa ne na kan tebur wanda Matt Leacock ya tsara, kamfanin Gamewright kuma ya fitar da shi a shekarar 2013, shekara uku bayan ɗan'uwansa Forbidden Island. Mutum 2 zuwa 5 ne suke yin sa, yana cin kamar minti 45, kuma babu hamayya a tsakanin 'yan wasa, domin ko dai su tsira gaba ɗaya, ko su halaka gaba ɗaya. Labarinsa gajere ne: wasu matafiya sun faɗo tsakiyar wata hamada ta almara wadda ta binne tsohon birni, kuma ba su da mafita sai sun tono sassa huɗu na wani jirgin sama na mutanen da, sun harhaɗa shi, sun tashi kafin ƙishirwa ko yashi ya gama da su.

Abin da ya sa na ga ya cancanci a yi magana a kansa shi ne yadda aka gina hamadar. Fallayen kwali 24 ake jerawa, biyar a tsaye biyar a kwance, a bar gurbi ɗaya a tsakiya, wannan gurbin kuwa shi ne idon guguwa. Duk wanda ya gama yin nasa sai ya ja katunan guguwa, idan katin iska ya fito sai fallaye ɗaya zuwa uku su zame su cike gurbin, kowanne ya tafi da wanda yake tsaye a kansa, sannan a ɗora masa yashi. Saboda haka rijiyar da kake hange taku biyu daga inda kake, kafin zagaye ya dawo kanka ta yi nisa, ko kuma ta nutse. Alamar yashin ma fuska biyu gare ta: ta farko mai haske ce, ana iya bi ta kanta, amma da zarar ta biyu ta hau sai a juya fuska mai duhu, hanya ta toshe. A hankali sai ka ga teburin yana rikiɗa daga launin rairayi zuwa duhu, in ban da wuraren da aka tono, inda zanen birnin yake bayyana da launuka masu ɗaukar ido.

Neman sassan jirgin shi ma a kan wannan rashin tabbas aka ɗora shi. Kowane sashe yana da alamu biyu a binne, ɗaya tana nuna layin kwance, ɗaya layin tsaye, inda suka haɗu nan sashen yake, kuma tunda alamun kansu suna tafiya da iska, ba a sanin wurin sai an tono ta biyun. Akwai kuma fallaye uku masu alamar ruwa, biyu rijiyoyi ne na gaske, ɗaya ƙawalwalniya ce. Na taɓa ganin mutum uku sun taru a kan falle guda, kowa ruwansa ya kusa ƙarewa, domin rijiya sau ɗaya take shayar da waɗanda suke kanta a lokacin da aka tono ta, aka juya kwalin sai ga busasshiyar ƙasa. Shirun da ya biyo baya ya fi duk wani zane nuna abin da wasan yake nufi da hamada.

Matsayi shida ne ake rabawa, kuma ba ƙarfinsu ɗaya ba. Mai ɗaukar ruwa yana iya komawa rijiyar da aka riga aka tono ya ɗebo wa sauran, mai tonon kayan tarihi yana kwashe yashi biyu a aiki ɗaya, mai hawa kuma yana ratsa tulin yashin da ya tare kowa. A ganina, duk zaman da mai ɗaukar ruwa bai fito ba ya fi tsanani nesa ba kusa ba, musamman idan katunan zafin rana guda huɗu suka zo kusa da juna alhali babu wanda ya samu fakewa a ramin ƙarƙashin ƙasa. A nan ne sa'a take rinjayar dabara, wanda kuma ba ya son ya yi shiri mai kyau ya fāɗi saboda kati ɗaya zai ji haushi.

Aibinsa na biyu irin na wasannin haɗin kai ne: idan akwai mai baki a teburin, sai ya mayar da sauran 'yan amshin shata, yana faɗa wa kowa inda zai taka. Dokokin ba su yi maganin wannan ba, sai dai 'yan wasa su yi wa kansu.

Kayan suna zuwa a cikin gwangwani mai kyau, jirgin kuma na roba ne da ake harhaɗawa da hannu, abin da yara 'yan shekara 10 zuwa sama, waɗanda dama su aka nufa, suke rububin yi. Yana da matakan wahala huɗu, kuma shawarata ga sabon shiga ita ce ya fara daga na ƙasa, domin ko a can alamomin yashi 48 ɗin suna ƙarewa da wuri idan aka shagala da tono aka bar shara.