Bas mai hanyarsa ta kansa: abin da na gani a Dakar da abin da nake fata ga Maraɗi

Aiki ya kai ni Dakar kwanakin baya, kuma duk zamana a can da bas ɗin da suke kira BRT, wato bas mai sauri da ke bin hanyarsa ta kansa, na riƙa zirga-zirga, shi ya sa tun da na dawo Maraɗi nake son in rubuta ra'ayina a kansa. Ya fara ɗaukar fasinja a watan Mayun 2024, yana tashi daga tashar Petersen a tsakiyar birni zuwa Gejawai da ke bayan gari, tafiyar kilomita 18 mai tashoshi 23, kuma motocin duka da lantarki suke aiki. Kuɗin shiga sefa 400 ne zuwa 500, wato dala tamanin zuwa dala ɗari a lissafinmu na gida.

Motocin dogaye ne, akwai sanyi a ciki, babu hayaƙi babu ƙara, kuma dandamalin tasha daidai yake da ƙofar mota, ta yadda tsohuwa ko mai keken guragu za su shiga ba tare da an ɗaga su ba. Duk wannan ya burge ni, amma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne hanyar kanta. An ware wa bas ɗin layi a tsakiyar titi, an shinge shi da kankare, babu tasi ko babur ko motar kaya da ke da izinin shiga. Kana zaune za ka ga motoci sun yi cirko-cirko a hagu da dama cikin cunkoso, kai kuwa kana wucewa. Tafiyar da a da kan cinye kusan awa ɗaya da rabi ta koma wajen minti 45, kuma da yake ana sayen tikiti tun kafin a hau, babu tsayawa neman canji ko jiran mota ta cika. Akwai kuma bas mai tsallake ƙananan tashoshi, wanda na fi so idan ina sauri.

Sai dai bai rasa matsala ba: da safe da kuma bayan la'asar mutane kan yi yawa har a tafi a tsaye, kuma wanda gidansa ke nesa da layin sai ya nemi wani abin hawa ya kai shi tasha, wanda hakan ƙarin kuɗi ne ga talaka.

Maraɗi ba ta kai Dakar girma ba, kuma ba na cewa a kawo mana motocin lantarki gobe. Sai dai duk wanda ya bi ta gefen babbar kasuwa ranar Litinin ko Juma'a ya san yadda 'yan kabu-kabu da adaidaita da amalanke da manyan motocin da ke nufar Ɗan Isa da Jibiya suke cakuɗewa a kan kwalta ɗaya. Idan aka sayo bas aka jefa shi cikin wannan turmutsutsi, zai maƙale kamar kowa, mutane su koma kan babur. A ganina, abin da ya kamata ma'aikatar magajin gari ta fara yi shi ne ta ware layi ɗaya a babban titi tun yanzu, kafin rumfuna da gine-gine su cinye gefensa, ta haɗa kasuwa da tashar mota da asibiti da Jami'ar Dan Dicko Dankoulodo, inda ɗalibai ke kashe kuɗin abincinsu a kan abin hawa.

'Yan kabu-kabu kuwa, waɗanda da yawansu da wannan sana'a suke ciyar da iyali, a zauna da su tun farko, a ba su wurin tsayawa a bakin kowace tasha domin su riƙa kwaso fasinja daga lungunan Zariya da Bagalam da Ali Ɗan Sofo.