Harafi ɗaya ya hana inshora biyan gashin ƙashin hannuna: sharhina kan masu bin diddigin takardun asibiti

Wata goma sha huɗu bayan ruwan buɗe bututu ya cinye mini tafin hannun dama da yatsu uku, na ɗauka abin da ya rage mini shi ne gashi da motsa yatsu. Ashe da sauran rina a kaba. Wata rana na buɗe akwatin wasiƙu na tarar da takarda daga kamfanin inshora, sun ƙi biyan zaman gashi goma sha biyu da na yi, wai cutar da aka rubuta ba ta dace da aikin da aka yi mini ba. Mako biyu bayan haka wurin gashin suka aiko mini da nasu lissafin, ni zan biya gaba ɗaya.

Wanda yake zaune a Amurka ya san wannan takarda. Wanda bai sani ba, ga yadda abin yake: likita ba ya aika wa inshora labarin ciwonka da jimloli, lambobi yake aikawa. Akwai lambar cuta, daga wani kundi da ake kira ICD-10-CM, wanda ƙasar ta koma amfani da shi ranar 1 ga Oktoba 2015. Akwai kuma lambar aikin da aka yi maka, daga kundin CPT na Ƙungiyar Likitocin Amurka. Idan biyun ba su yi daidai a idon kwamfutar inshora ba, sai ta dawo da takardar ba tare da wani mutum ya kalli hannunka ba.

Na kira inshora sau uku, suka ce in koma asibiti. Na kira asibiti, suka ce matsalar inshora ce. Matata ce ta gaji da jin muryata a waya, ta ce, "Maigida, ka nemi wanda ya san harshensu mana, kai dai ɓata ranka kake yi." Haka na faɗa hannun wani ƙaramin kamfani na masu duba wa marasa lafiya takardun kuɗin asibiti. Wasu irinsu suna karɓar kaso daga abin da suka ceto maka, wasu kuma kuɗin awa. Nawa na awa ne. Wannan sharhi a kansu yake.

Farawa da su babu wuya. Na sa hannu a takardar izinin da dokar HIPAA, mai kare sirrin bayanan lafiya, ta tanada domin su iya ganin bayanan lafiyata, na tura musu takardar ƙin biyan da lissafin wurin gashi dalla-dalla. Suka ce in nemi cikakken fayil ɗina daga likitan fiɗa, wanda doka ta ba asibiti kwana 30 ya miƙa. Sai da na jira kusan duka kwanakin. Bayan nan aka haɗa ni da wata mata mai takardar shaidar sanin lambobin, kuma gaskiya ita ce dalilin da ban yi da-na-sanin kuɗina ba.

Cikin minti goma ta nuna mini inda gizo ke saƙar. Wurin gashi sun rubuta T23.301A. Ni a idona tarin haruffa ne kawai, ita kuwa ta karanta shi kamar jimla: ƙunar wuta mataki na uku, hannun dama, ba a faɗi wane ɓangare ba, ana tsakiyar jinyar raunin. Kusan komai a ciki ba nawa ba ne, ban da hannun dama da zurfin ƙunar.

Kundin ya raba ƙuna gida biyu, abin da ban taɓa sani ba. Wadda wuta, ruwan zafi ko lantarki suka jawo daban, wadda sinadari ya jawo daban. A hannu da wuyan hannu, ƙunar zafi mataki na uku tana ƙarƙashin T23.3, ta sinadari mataki na uku kuma T23.7. Kuma rabuwar tana da dalili. Abin da ya zubo mini sodiyam haidiroksaid ne, soda mai ci, kuma irinsa ba ya tsayawa a saman fata. Asid yakan daskarar da naman da ya taɓa, ya yi wani ɓawo da ke rage masa tafiya. Soda narkar da naman take yi tana nutsawa, shi ya sa ciwon da na raina a daren farko ya kai ni ga dashen fata. Duk wanda ya rubuta mini ƙunar wuta bai karanta ko shafin farko na fayil ɗina ba.

Gurbi na biyar a lambar, in ba a ƙirga ɗigon ba, yana faɗin wuri: 1 babban yatsa, 2 yatsa ɗaya, 3 yatsu da yawa ban da babba, 4 yatsu da yawa har da babba, 5 tafi, 6 bayan hannu, 7 wuyan hannu. Na shida yana faɗin ɓangare, 1 dama, 2 hagu. Sifilin da suka sa mini yana nufin ba a san wurin ba, alhali likitan fiɗa ya zana tafin da yatsun uku a takardarsa.

Amma harafin ƙarshe shi ne ya kashe maganar, kuma a nan ta daɗe tana yi mini bayani don na yi ta gardama. Haruffa uku ne. A na lokacin da ake jinyar raunin kansa ne, ba wai zuwan farko kawai ba, kamar yadda na zata. D na lokacin da raunin ke warkewa ana bibiyarsa. S kuma na abin da raunin ya bari bayan ya warke. Na ce mata ni ai ban warke ba, yatsuna ba sa miƙewa, ta yaya za a ce an gama. Ta ce ƙunar ta rufe tuni, abin da ake gasawa yanzu tabo ne da ya ɗaure fata yana jan yatsun ciki, kuma tabon sabuwar matsala ce mai lambarta. Ta ƙara da cewa S ba shi da wa'adi: ko bayan shekara ashirin aka yanka tabon domin a saki yatsun, da S za a rubuta. Na ji haushin kalmar "warkewa" a ranar, amma na gane.

Sai jeri, wanda shi ma doka ce. Abin da ake jinya yanzu shi ke zuwa gaba, asalin raunin ya biyo baya. Ta tsara su haka: L90.5 na tabo da taurin fata a farko, sai T54.3X1S mai nuna cewa soda ce kuma tsautsayi ne ba ganganci ba, sai T23.751S na tafin dama da T23.731S na yatsun. Da wannan, lambobin aikin mai gashi, 97110 na atisayen gaɓɓai da 97140 na murza nama da hannu, waɗanda ake lissafawa minti 15-15, suka sami abin jingina.

Wani abu da ya ƙara mata daraja a idona shi ne abin da ta ƙi yi. Na ga lambar M24.541 a intanet, ta ƙagewar gaɓa a hannun dama, na ce ta ƙara don takardar ta yi nauyi. Ta ce a'a. Likita bai rubuta cewa gaɓar ce da kanta ta ƙage ba, fata ya ce ta ja, kuma ba a sa lambar abin da likita bai rubuta ba. In ina ganin gaɓar ta taɓu, in koma ya duba ya rubuta da hannunsa. A lokacin na so a ce ta yi mini kara. Yanzu na san da ta yi, da ni za a bi da tambaya.

To, ga inda suka gaza. Tun kafin in isa gare ta, wani ma'aikacinsu ya aiko mini da daftarin farko da T32.0 a ciki, lambar da ke nuna cewa sinadarin ya ci ƙasa da kashi 10 cikin ɗari na jiki. Ita ce ta cire, ta ce ƙa'idojin kundin sun hana amfani da T31 da T32 ga abin da ƙuna ta bari, na sabuwar ƙuna ne. Kuskure ana yi, ban damu da shi ba. Abin da ya dame ni shi ne lokacin da ya ɓata wajen yin kuskuren ya fito a lissafina. Sai da na yi magana suka cire, kuma ba su ba da haƙuri ba. Amsar imel ma takan ɗauki kwana huɗu ko biyar, alhali ina ƙirga kwanaki, domin kwana 180 kacal ake da su na ɗaukaka ƙara a cikin kamfanin inshora daga ranar da aka ƙi biya.

Akwai kuma abin da tallarsu ba ta faɗa ba: ba su da ikon canza ko harafi ɗaya. Wanda ya yi aikin shi ne zai sake aika fom ɗin neman biya, CMS-1500, da gyararrun lambobi a akwati na 21, ya sa 7 a akwati na 22 don a san gyara ne ba sabuwar buƙata ba. Abin da kamfanin ya yi shi ne rubuta wa wurin gashi wasiƙa mai hujja da kiran su har suka motsa. Da wurin gashin sun kafe, da tafiyar ta yi tsawo, awoyina suna ta ƙaruwa. Na so a ce an gaya mini haka tun ranar farko.

Mako bakwai bayan an sake aikawa inshora ta biya, ba a ma kai ga ɗaukaka ƙara ba. Abin da na ba kamfanin bai kai rabin abin da aka nemi in biya ba, don haka ta fuskar aljihu na ci riba.

Ko zan tura wani wurinsu? In lissafin babba ne, ko an yi fiɗa fiye da ɗaya, ko kuma ƙunar ta warke a wani wuri ba ta warke a wani ba, inda ake iya haɗa lambar sabuwar ƙuna da ta S a takarda guda, to ya je, kuma ya nace a haɗa shi da mai takardar shaida tun farko. In kuwa zama biyu ko uku aka ƙi biya, ya fara da kansa. Cibiyar Ƙididdigar Lafiya ta Ƙasa, wadda ke ƙarƙashin hukumar yaƙi da cututtuka ta Amurka (CDC) kuma ita ke kula da kundin, tana da shafin binciken lambobi kyauta, ƙa'idojin ma kyauta ne. Sai dai ya duba shekarar, don ana sabunta kundin kowane 1 ga Oktoba, kuma ranar da aka yi aikin ce ke nuna wanda za a bi.

Likitan fiɗa yana maganar sakin yatsa na tsakiya nan da wata biyu, kuma sai inshora ta amince tukuna. Na riga na kira ofishinsa na ce a karanta mini lambobin da za su aika, ɗaya bayan ɗaya. Mai amsa wayar ta yi shiru kaɗan, sannan ta fara da L90.5.